"Kawu, Wa Ya Ci Na Mata?": Sharhi Kan Kofin Ƙalubalen Mata Na 2024

Daren Asabar, 29 ga Yuni, 2024, duk majalisar da ka bi a garin Bauchi, tun daga Wunti har Jahun, zance ɗaya ne a bakin mutane: El-Kanemi Warriors ta ɗauko kofi a Legas. Ta doke Abia Warriors da ci biyu da nema, Nasiru Salihu ne ya zura duka biyun, kuma kocin da ya kai su, Aliyu Zubairu, ba baƙonmu ba ne, ya riƙe Wikki Tourists ta Bauchi, ya riƙe Gombe United. Ƙungiyar Maiduguri ce, amma a daren nan duk Arewa maso Gabas ta mayar da ita tata. Da wannan murnar na shiga gida. 'Yar ƙanwata, wadda ke zaune a wurinmu tana sakandare, ta karɓi ledar hannuna ta ce, "Kawu, sannu da zuwa. Na ji an ci na maza. To wa ya ci na mata?"

Na yi shiru. Na fi awa biyu zaune cikin mutanen da suka san ƙwallo kamar yunwar cikinsu, masu iya lissafo maka 'yan wasan Wikki na 1998 ɗaya bayan ɗaya, amma ko mutum ɗaya bai ambaci cewa a wannan rana, a wannan fili na Mobolaji Johnson da ke Onikan, an buga wasan ƙarshe na mata kafin na maza ba. Sai da na ciro waya na duba mata. Rivers Angels ta Fatakwal ce ta doke Naija Ratels ta Abuja da ci ɗaya mai ban haushi, ta ɗauki kofin karo na tara.

Tun daga wannan dare nake bin gasar nan sau da ƙafa. Abin da na gano shi ne, a duk gasannin ƙwallon mata na ƙasar nan, wannan kofi ne ya fi kusa da yarinyar Bauchi ko Gombe, domin daga cikin jiharta yake farawa. Ba a rufe mana ƙofa ba. Mu ne ba mu shirya abin shiga ba, kuma dalilan rashin shirin sun fi ƙarfin zargin da aka saba ɗora wa iyaye da malamai.

Kofin tsoho ne. Na maza ya faro tun 1945 da sunan Kofin Gwamna, daga baya ya zama Kofin Ƙalubale, sunan da dattawanmu ke kiransa da shi har gobe. Na mata an fara shi a 1992, Ufuoma Babes ta Warri ce ta fara ɗauka. Sunan yana canzawa ne da canjin mai zuba kuɗi. Daga 2017 kamfanin mai na Aiteo ya ɗauki nauyi, aka koma kiran kofin da sunansa. A 2024 hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa, NFF, ƙarƙashin Ibrahim Musa Gusau, ta raɗa masa President Federation Cup, wato Kofin Shugaban Ƙasa. Tsarin kuwa yana nan yadda yake. Kowace jiha, har da Abuja, tana gudanar da tata gasar, zakara da mai bi mata su wakilce ta a matakin ƙasa. Daga nan sai sili ɗaya ƙwale: wasa ɗaya tak, a filin da ba na kowa ba, in an tashi kunnen doki a je bugun fenareti, wanda aka ci ya kama hanyar gida.

Yi lissafin da kanka. Jiha 36 da Abuja, kowacce gurbi biyu, ƙungiyoyi 74 ke nan. A ɓangaren maza har sai an yi wasan share fage an rage su zuwa 64. A ɓangaren mata kuwa zagayen ƙasa yakan fara ne daga ƙungiyoyi 32 ko ƙasa da haka. Fiye da rabin kujerun babu kowa a kai. In ka bi jerin waɗanda suka taɓa ɗaukar kofin, Warri ne, Kalaba, Legas, Abuja, Asaba, Lafiya, Fatakwal, Akure, Yenagoa. Babu ko ɗaya daga Arewa maso Gabas ko Arewa maso Yamma.

Me ya sa na nace cewa kofi ne hanyarmu, ba lig ba? Saboda lig gasar mai hali ce. Lig ɗin mata na NWFL hawa uku ne, Nationwide a ƙasa, Championship a tsakiya, Premiership a sama. Kafin ki gamu da Rivers Angels a lig sai kin hau matakala biyu, kowacce da shekararta da kuɗinta. In kin kai sama kuma ga wasannin gida da waje na watanni, ga albashi, ga masauki, ga mota daga Bauchi zuwa Fatakwal ko Legas, tafiyar kusan kilomita dubu ko fiye, a zamanin da kuɗin mai ya ninka bayan cire tallafi a Mayun 2023. Kofi ba ya neman duk wannan. Rajista da hukumar ƙwallon jiha, lasisin 'yan wasa, jesi, da kuɗin tafiya ɗaya. In kin ci, ki nemo na tafiya ta biyu. Daga zagayen 32 zuwa ɗaga kofi wasa biyar ne kacal. Mu a Bauchi bai kamata a koya mana wannan ba. Wikki ba ta taɓa cin lig ɗin ƙasa na sama ba, amma a 1998 ta ɗauko Kofin Ƙalubale bayan ta fitar da Plateau United a bugun fenareti. El-Kanemi ma da ta ci a 2024, daga rukuni na biyu ta fito ta ci.

Sai dai a nan ne labarin mata ya rabu da na maza, kuma kakar 2024 ta nuna rabuwar ƙarara. A kofin maza ƙaramar ƙungiya na yawan kayar da babba, domin masu buga ƙwallo sun yi yawa, har ɗan wasan rukuni na biyu bai yi nisa da na Firimiya ba. A na mata rijiyar ba ta da zurfi. 'Yan wasan da suka ƙware ba su da yawa, kuma ƙungiyoyi huɗu ko biyar da gwamnatocin jihohi ke biya wa albashi sun kwashe su. Shi ya sa Rivers Angels ta ci sau biyar a jere daga 2010 zuwa 2014, Sunshine Queens ta katse ta a 2015, ta dawo ta ci uku a jere daga 2016 zuwa 2018. Asisat Oshoala, wadda ta zama gwarzuwar Afirka har sau shida, ta wuce ta hannunta. Haka ma mai tsaron ragar Super Falcons, ƙungiyar mata ta ƙasa, Chiamaka Nnadozie. Ƙungiyar da ke tara irin waɗannan ba a kayar da ita da sa'a kawai.

To amma duba wadda ta tsaya mata a wasan ƙarshe na 2024. Naija Ratels ba ta gwamnati ba ce. Wani lauya ne, Paul Edeh, ya kafa ta, kuma in an kwatanta da Rivers Angels jiya-jiya aka haife ta. Da ƙananan 'yan mata aka gina ta, ba da sayen manyan suna ba. Ta je har wasan ƙarshe, kuma ƙwallo ɗaya ce ta raba su. A ganina wannan shi ne babban labarin kakar, ya fi kofi na tara da Fatakwal ta ƙara a kabad. Ya nuna cewa mutum ɗaya mai haƙuri, da fili, da koci na gari, zai iya kai ƙungiya gaban shugabannin ƙwallon ƙasa cikin 'yan shekaru. Akwai attajirai a Bauchi da Gombe da ke kashe abin da ya fi haka a gasar unguwa ta samari lokacin siyasa.

Misali na biyu ya fi kusa da mu. Nasarawa ba ta cikin jihohin da kuɗin mai ya yi wa yawa, amma Nasarawa Amazons ta garin Lafiya ta ci kofin a 2005, ta sake ci a 2019, inda ta fitar da Rivers Angels ɗin nan a bugun fenareti a filin Ahmadu Bello na Kaduna. Ranar ce Kano Pillars ta ci kofinta na farko a kan Niger Tornadoes, kuma na tabbata da yawa daga cikin masu karanta wannan sun tuna na Pillars, sun manta na Amazons. Sirrin Lafiya ba wani abu ba ne illa ɗorewa. Gwamna ya zo, gwamna ya tafi, ƙungiyar tana nan. A yankinmu kuma Adamawa Queens ta daɗe tana riƙe mana tuta a rukunin sama, kuma daga wannan gida na Adamawa Justin Madugu ya fito, kocin da ya kai Super Falcons ga kofin Afirka na goma a Rabat a watan Yulin 2025. Mutumin Arewa maso Gabas ne ya jagoranci matan ƙasa suka farke ci biyu suka doke Maroko uku da biyu a gidanta. Ke nan ilimin horar da mata yana nan maƙwabtanmu, tafiyar rabin yini daga Gombe.

Akwai wani abu da ke rage wa kofin mata armashi, wanda ba a cika magana a kai ba. Wanda ya ci na maza yana samun tikitin gasar Confederation ta Afirka, shi ya sa El-Kanemi ta fita waje bayan nasararta. Wadda ta ci na mata babu inda za ta. Gasar zakarun ƙungiyoyin mata ta Afirka, da aka fara a Masar a 2021, zakaran lig take ɗauka, kuma babu gasa ta biyu. A 2024 Edo Queens ce ta ci lig, ita ta wakilci Najeriya har ta kai wasan kusa da na ƙarshe a Maroko, Rivers Angels kuwa ta ajiye kofinta a gida. Ga kuma bambancin kyauta. A zamanin Aiteo zakaran maza na karɓar naira miliyan 25, na mata miliyan 10. A 2024 ya koma miliyan 50 da miliyan 25. An ɗan gyara, amma duk da haka na mata rabin na maza ne. Saboda haka manyan ƙungiyoyi lig suka fi sa wa ido.

Ga ƙaramar ƙungiya kuwa ribar kofi ba a kuɗin kyauta take ba, a idon da zai gan ta take. Masu horar da ƙungiyoyin ƙasa na matasa yawanci su ne kociyoyin kulob-kulob ɗin da za ki gamu da su a wannan gasa. Christopher Danjuma ya riƙe Nasarawa Amazons, ya riƙe Falconets ta 'yan ƙasa da shekara 20. Bankole Olowookere ya horar da Naija Ratels, shi ne kuma ya kai Flamingos ta 'yan ƙasa da 17 ga matsayi na uku a gasar duniya a Indiya a 2022. Yarinyar da ta fito daga Dass ko Kaltungo ta tsaya minti casa'in a gaban irin waɗannan mutane, ko an ci ƙungiyarta biyar, in tana da abin nunawa an gan ta. Babu wata takardar neman alfarma da za ta yi mata abin da wannan minti casa'in zai yi.

Yanzu mu dawo gida, inda maganar ta fi nauyi.

Ba gaskiya ba ne cewa 'yan mata ba sa buga ƙwallo a Bauchi da Gombe. Duk wanda ya zaga Yalwa da yamma, ko barikin sojoji, ko ya je Tafawa Balewa, Bogoro, Billiri da Kaltungo, ya ga yara mata na bin tamaula, wasu da takalmi, wasu ƙafa a ƙasa. A makarantun kwana na mata, irin su kwalejin tarayya ta Bauchi da ta Bajoga, ranar gasar gidaje ana gudu ana tsalle, ba wanda ya ce uffan. Abin da ya ɓace shi ne gada tsakanin filin makaranta da ofishin hukumar ƙwallon jiha. Yarinya na gama sakandare, ƙwallo ta ƙare. Wadda ta dage kuma sai ta tattara ta nufi Jos, Abuja, Lafiya ko Yola, ta je ta sa rigar wata jiha.

Bayan tambayar da 'yar ƙanwata ta yi mini, na fara raka ta wurin wata malamar motsa jiki da ke tara 'yan mata a filin wata makaranta mai katanga duk safiyar Asabar. A nan na zauna da iyaye, na ji abin da ke ransu, kuma na daina yi musu kallon masu taurin kai. Wani dattijo, uban ɗaya daga cikin yaran da suka fi iya wasa, ya ce da ni, "Malam, ni ba ƙwallon nake ƙi ba. Ka gaya mini, in an kai su wani gari, wa zai kula da su in dare ya yi? Wa zai tuƙa motar? In ta karye a ƙafa, wa zai biya asibiti?" Ban ga tambaya ɗaya a cikin ukun nan da uba na gari ba zai yi ba. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Ana yawan fara maganar da sutura, alhali ita ce mafi sauƙin warwarewa. Dokar wasa ta duniya ta halatta rufe kai tun 2014, bayan an shafe shekaru ana hanawa. Sharaɗin kawai abin rufe kan ya zama baƙi ko launin riga, kada a haɗe shi da rigar, kada kuma ya zama da abin da zai ji wa wani ciwo. Dogon wando na ciki ya halatta in launinsa ya dace da gajeren wandon, haka ma riga mai dogon hannu. A gasar duniya ta 2023 Nouhaila Benzina ta Maroko ta buga da hijabinta a wasansu da Koriya ta Kudu, duniya na kallo. Saudiyya ta fara babban lig ɗin mata a 2022, har 'yan Super Falcons irin su Ashleigh Plumptre sun je can suna wasa. Matsalar ita ce wannan sani bai sauko ƙasa ba. Da idona na ga wani alƙalin wasa, a wasan sada zumunta, ya ce sai yarinya ta cire abin kanta kafin ta shiga fili. Ta juya ta zauna a benci tana hawaye, ba ta sake dawowa atisaye ba. Rashin sanin doka ne ya kore ta, kuma taron bita na yini ɗaya ga alƙalan wasa zai hana irin wannan.

Akwai iyaye da malamai da ke ganin ko da sutura cikakkiya, bai dace budurwa ta riƙa gudu a gaban taron maza ba. Ba na raina wannan ra'ayi, kuma ba hurumina ba ne in ba da fatawa. Abin da na sani shi ne dokar gasar ba ta ce dole a buga zagayen jiha a babban fili ba. Za a iya buga shi a filin makarantar mata mai katanga, 'yan kallo su zama ɗalibai da malamai mata da uwaye. A nan na saɓa da wasu abokaina masu son ci gaban wasan, da ke cewa a kwaikwayi Legas, a haɗa wasan ƙarshe na mata da na maza rana ɗaya a filin Abubakar Tafawa Balewa na Bauchi ko na Pantami a Gombe. A Legas hakan yana jawo wa mata 'yan kallo. A nan zai iya sa rabin iyaye su janye 'ya'yansu tun kafin a busa usur. Wanda ya san irin ihun da ke fitowa daga wasu sassan 'yan kallo ranar wasan Wikki ya san abin da nake nufi. A bar ƙungiyoyin da suka kai wasan ƙarshe su zaɓa. In an yi shekara uku ana yi lafiya lau, iyaye da kansu za su nemi babban fili.

Abin da ya fi sutura wuya shi ne amana. Tsoron da ke zuciyar uwa ba na ƙwallo ba ne, na namijin da zai riƙe wa 'yarta makoma ne, ya ce sai ta bi son ransa kafin ya sa ta a wasa. Wannan tsoro yana da tushe, an ji irinsa a ƙasashe da dama, ba a nan kaɗai ba. Maganinsa ba wa'azi ga iyaye ba ne. Maganinsa mata a kan benci: koci mace, ko aƙalla mataimakiya, ma'aikaciyar lafiya mace, da babbar mace da iyaye suka sani suka yarda da ita, wadda ba za a yi tafiya ba tare da ita ba. Muna da kwalejojin ilimi a Azare da Kangere da Gombe, kuma a kwalejojin ilimi ake horar da malaman motsa jiki. Kwas ɗin koci na matakin farko ga irin waɗannan malamai mata bai kai kuɗin sayen ɗan wasa ɗaya na Firimiya ba. Ba a fafe gora ranar tafiya. In babu waɗannan mata a ƙasa, ko an ba da motar alfarma babu uban da zai saki 'yarsa.

Sai kuma jadawali, wanda masu tsara shi a Abuja ba su yi da yaranmu a zuciya ba, kuma ban ga laifinsu ba tunda ba mu je mun faɗa ba. Wasannin jiha sukan faɗo tsakanin Maris da Afrilu, na ƙasa kuma Mayu da Yuni. A 2024 azumi ya kama ranar 11 ga Maris, aka yi salla 10 ga Afrilu, ga zafin bazara da kowa ya san yadda yake a Gombe. Mayu da Yuni kuwa lokacin jarrabawar WAEC ne. 'Yar wasan Rivers Angels ƙwallo ce sana'arta, ba ruwanta da jarrabawa. Tamu ɗaliba ce, kuma mafi ƙarfi a cikin tawaga su ne 'yan ajin ƙarshe. Ba za mu iya matsar da ranakun ƙasa mu kaɗai ba, amma zagayen jiha a hannunmu yake. Me zai hana a buga na mata a Janairu da Fabrairu, cikin sanyin hunturu, makarantu na buɗe, a fitar da zakara tun da wuri ta samu lokacin shiri da neman kuɗin mota? A kuma gina tawaga da 'yan aji huɗu da biyar da waɗanda suka riga suka gama, domin jarrabawa kada ta rushe ta.

Tsarin buga wasa a filin da ba na kowa ba ma yana da fuska biyu. An yi shi ne don rage nisan tafiya da kauce wa matsin lambar 'yan gida a kan alƙalin wasa, kuma dalili ne mai ƙarfi ga duk wanda ya san ƙwallon Najeriya. Illarsa ita ce yarinyar Bauchi ba za ta taɓa ganin Bayelsa Queens ko Edo Queens da idonta ba. A Jamus da Faransa ƙaramar ƙungiya ce ke karɓar baƙuncin babba a zagayen farko na kofi, don garinsu ya ga manya. Mu ba mu da wannan, amma muna da wata dama. Tunda ana neman filin tsaka-tsaki, hukumomin ƙwallon Bauchi da Gombe na iya neman a kawo musu wasannin mata. Filin Bauchi ya karɓi gasar duniya ta matasa a 1999 da ta 'yan ƙasa da 17 a 2009, ba zai gaza karɓar zagayen 16 na mata ba. A cika sashe guda da ɗalibai mata, a bar su su gani. Gani ya kori ji.

Kada kuma mu ɗauka mu kaɗai muka taɓa tsayawa a wannan mararraba. Ingila, da samarinmu ke kwana kallon Firimiyarta, ta haramta wa mata buga ƙwallo a filayen ƙungiyoyinta daga 1921 har wajen shekara hamsin. Kofin matansu ya fara ne a kakar 1970 zuwa 1971, kuma a 2023 mutum 77,390 suka shiga Wembley kallon wasan ƙarshe tsakanin Chelsea da Manchester United.

Abin da nake tsoro ɗaya ne. Bayan Shugaba Tinubu ya ba kowace 'yar Super Falcons kwatankwacin dala dubu ɗari da gida da lambar girma a 2025, zancen ƙwallon mata ya shigo majalisun da a da ba a ambatarsa. Ina gudun wata rana a wayi gari a ce an kafa ƙungiyar mata ta jiha, a kwaso 'yan wasa daga nesa, a ɗinka jesi, a ɗauki hoto, bayan zaɓe a daina biyan albashi. Ba ni da matsala da 'yar kowace jiha ta zo ta yi wasa a nan, Amazons ma haka take ɗauko 'yan wasa daga ko'ina. Amma ginin da aka fara daga rufi ba ya tsayawa. Ƙungiyoyi shida ko takwas na gaske da ke fafata kofin jiha duk shekara sun fi mana ƙungiya ɗaya mai suna. In an samu zakaran Bauchi da zakaran Gombe, sai su riƙa gwada juna kafin zagayen ƙasa. Tsakaninmu tafiyar kilomita 150 ce ko kusa da haka, a tafi da safe a dawo kafin magariba, babu kwana a waje, tambayar dattijon nan ta farko ta faɗi ke nan.

In kuma za a fara horo, a fara da mai tsaron raga. Wasan ƙarshe na 2019, na 2023 da Bayelsa Queens ta ci a Asaba, da na 2025, duk a bugun fenareti aka raba gardama. A gasar sili ɗaya ƙwale, ƙaramar ƙungiya mai gola ta ƙwarai da 'yan baya masu haƙuri na iya jan babba har zuwa fenareti, kuma a nan albashi ba ya bugawa. Tsaron raga ne wurin da 'yan mata suka fi gudu, kuma shi ne wurin da aka fi sakaci da koyarwa.

Ranar 28 ga Yuni, 2025, ba sai da aka tambaye ni ba. Ni da 'yar ƙanwata muka bi wasan ƙarshe a waya, muna zaune a tsakar gida. Nasarawa Amazons ta fara jefa biyu, yarinyar nan ta miƙe tsaye tana cewa, "Kawu, yau na Arewa ne!" Rivers Angels ta farke duka biyun, ta ci a fenareti, kofi na goma. Ta daɗe ba ta ce komai ba, sannan ta tambaye ni nawa ne kuɗin rajista a hukumar jiha.

A filin malamar nan yanzu yara goma sha huɗu ne ke zuwa ba fashi. Dattijon da ya yi mini tambayoyi uku ya amince da tafiyar yini ɗaya, da sharaɗin malamar da matata su shiga motar. Mun samu wata ma'aikaciyar jinya da ta ce za ta riƙa bin su da akwatin magani. Saura mai tsaron raga. Akwai wata doguwar yarinya 'yar aji huɗu da ke buga ƙwallon hannu a makarantarsu, malamar ta ce ranar Asabar mai zuwa za ta je gidansu ta gaida mahaifiyarta.